Wace ƙasa ce ta fi manyan hanyoyin mota, kuma da wane ma'auni za a auna?

Aminu:
Assalamu alaikum, iyayena da yayyena na wannan zaure. Akwai wani al'amari da ya tsaya mini a rai, ina roƙon masana su warware mini shi. A shekarar 1988 ne ƙasar Sin ta buɗe babbar hanyarta ta farko irin wadda mota ke sheƙa gudu ba tsayawa, tsakanin Shanghai da Jiading, wadda tsawonta bai wuce kilomita 20 da 'yan kai ba. A wannan lokacin Amurka ta shafe fiye da shekara 30 tana gina hanyoyinta da suka haɗa jihohi, waɗanda suke kira Interstate, har ta kusa kammalawa. Amma zuwa 2011 Sin ta kere tsawon Interstate ɗin baki ɗaya, kuma a ƙarshen 2023 ta haura kilomita 180,000, alhali Interstate tana nan a wajen kilomita 78,000. Shin wannan yana nufin yanzu babu ƙasar da ta kai Sin kyawun hanyoyi? Kuma me ya hana Indiya, wadda yawan jama'arta ya yi daidai da na Sin, yin irin wannan gudun?

Injiniya Bala:
Wa alaikumus salam, ƙanena. Alƙaluman da ka kawo daidai ne, amma kafin a kwatanta ƙasa da ƙasa sai an fara daidaita abin da ake ƙirgawa, domin a nan ne mafi yawan masu wannan muhawara suke ɓata. Hanyar da kake nufi, wadda ni nake kira killatacciyar hanya, tana da sharuɗɗa sanannu. Akwai shinge a tsakiya da ya raba masu zuwa da masu dawowa. Babu mararraba, babu shataletale, babu fitilar ba da hannu, duk hanyar da za ta gitta ta sai dai ta bi ta gadar sama ko ta ƙarƙashi. Ba a shiga ko fita sai ta wuraren da aka tanada, kuma mai tafiya a ƙafa da mai keke da dabba ba su da hurumi a kanta. Tagwayen hanyar da mutane suka kafa rumfuna a gefenta, ake juyawa a tsakiyarta, ba ta cika waɗannan sharuɗɗa ba ko da layi shida gare ta.

To idan da wannan ma'auni aka bi, Interstate ba ita kaɗai ce killatacciyar hanya a Amurka ba. Jihohi suna da nasu da yawa waɗanda ba sa ɗauke da lambar Interstate, kuma idan aka haɗa duka jimillar tana haura kilomita 100,000. Har yanzu Sin ce a gaba, amma tazarar ta ragu. Ita kuwa Indiya, idan ka ji an ce hanyoyin tarayyarta sun kai wajen kilomita 146,000, to ka sani mafi yawansu ba killatattu ba ne, kuma wani ɓangare na ƙaruwar da suka yi daga wajen kilomita 91,000 a 2014 ya samu ne ta hanyar mayar da tsofaffin hanyoyin jihohi ƙarƙashin tarayya.

Hajiya Rabi:
Injiniya ya gyara mana ma'auni, ni kuma ina so in ƙara da abin da za a raba tsawon da shi. Na yi ɗan lissafi da kaina, kuma kowa yana iya sake yi. Idan aka raba da yawan jama'a, Sin tana da wajen kilomita 130 ga kowane mutum miliyan ɗaya. Jamus, mai kilomita 13,000 da ɗoriya, tana da wajen 155. Amurka da Interstate kaɗai tana da wajen 230. Sifaniya kuwa, wadda ta fi kowace ƙasar Turai tsawon irin wannan hanya da wajen kilomita 17,000, tana da kusan 350. Idan kuma aka raba da faɗin ƙasa sai jerin ya sake birkicewa: a kowane murabba'in kilomita 1,000 Jamus tana da wajen kilomita 36, Sin wajen 19, Interstate ta Amurka wajen 8, kuma ƙaramar ƙasa kamar Holan ta fi Jamus ma cunkushewar hanyoyi. Ka ga ke nan, Aminu, ƙasa uku ko huɗu kowace tana iya cewa ita ce ta ɗaya ba tare da ta yi ƙarya ba.

Malam Sani:
Hajiya, lissafinki ya yi, amma ina jin tsoron kada mu yi ta rabawa da rabawa har mu manta da abin mamakin da ya sa yaron nan ya yi tambaya. Abin da Sin ta yi a cikin shekara 35 babu ƙasar da ta taɓa yin kwatankwacinsa, kuma tarihi ya nuna irin wannan aiki ba ya yiwuwa sai shugabanni sun ɗaura ɗamara sun ce sai an yi. Italiya ce ta fara a 1924 da hanyar Milan zuwa Barese, wadda injiniya Piero Puricelli ya tsara, kodayake a lokacin ba tagwaye ba ce. Jamus ta buɗe ta Kolon zuwa Bon a 1932, Konrad Adenauer, wanda daga baya ya zama shugaban gwamnatin Jamus ta Yamma, shi ne ma ya buɗe ta yana magajin garin Kolon, sannan gwamnatin Nazi ta mayar da abin farfaganda ta gina wajen kilomita 3,800 kafin yaƙi ya tsayar da aikin. Eisenhower yana matashin hafsan sojan Amurka ya bi ayarin motocin soja daga Washinton zuwa San Faransisko a 1919, tafiyar da ta ci kwana 62 saboda lalacewar hanya, daga baya kuma ya ga hanyoyin Jamus da idonsa a lokacin yaƙin duniya na biyu. Da ya zama shugaban Amurka sai ya sa hannu a kan dokar 1956 wadda ta tanadi mil 41,000, gwamnatin tarayya ta ɗauki kashi 90 cikin 100 na kuɗin. Koriya ta Kudu ta fi ba ni mamaki. Shugabanta Park Chung-hee ya gina hanyar Seul zuwa Busan, kilomita 428, daga Fabrairun 1968 zuwa Yulin 1970, a lokacin da masu suka suke cewa ƙasar ba ta da motocin da za su hau ta. Yau wa zai ce kuskure ya yi?

Injiniya Bala:
Allah ya gafarta Malam, ba kuskure ya yi ba, amma a faɗi labarin duka. Ma'aikata 77 ne gwamnati ta amince sun rasu a wannan aiki, kuma saboda gaggawa da tsimin kuɗi an shimfiɗa kwaltar da ba ta da kauri, sai da aka yi shekaru ana gyara. Wanda ya ƙirga kuɗin ginin kaɗai bai ƙirga ainihin abin da hanyar ta ci ba.

Dokta Hadiza:
Bari in ɗauki tambayar Aminu ta biyu, domin amsarta tana wajen kuɗi da ƙasar da za a shimfiɗa hanyar a kai. Sin ba ta gina hanyoyinta daga kasafin kuɗin gwamnatin tsakiya ba, sai ɗan kaɗan. Tun 1984 ta amince da wani tsari mai sauƙin faɗi: a ci bashi a gina hanya, a karɓi kuɗi daga masu bi a biya bashin. Larduna ne suka kafa kamfanoninsu, suka ranto daga bankunan gwamnati, suka kafa shingayen karɓar kuɗi. Gwamnatin tsakiya ta zana taswira, kamar tsarin da ta amince da shi a ƙarshen 2004 na kilomita 85,000, mai hanyoyi 7 da suka fito daga Beijin, 9 daga arewa zuwa kudu, 18 daga gabas zuwa yamma, larduna kuma suka shiga gasar cikawa, saboda ana duba irin wannan aiki wajen ƙarin girman jami'ai. Ga kuma batun fili: a Sin ƙasa mallakar gwamnati ce ko ta gamayyar ƙauye, saboda haka karɓarta ba ya ɗaukar lokaci.

A Indiya manomi yana da takardar gonarsa, yana da kotun da zai kai ƙara, yana da ƙuri'ar da zai hukunta ɗan siyasa da ita, kuma dokar 2013 ta ninka diyyar da ake biya. Wannan yana jinkirta aiki yana kuma ƙara masa tsada. Duk da haka ba zaune suke ba. Shirin da Firaminista Vajpayee ya ƙaddamar a 1998 ya haɗa Delhi da Mumbai da Cennai da Kolkata da hanya mai layi huɗu zuwa shida ta kilomita 5,846, an gama killatacciyar hanyar Mumbai zuwa Pune a 2002, yanzu kuma suna kan ta Delhi zuwa Mumbai mai fiye da kilomita 1,300. Ni dai ba zan kira jinkirin da ya samo asali daga sauraron mai gona gazawa ba.

Malam Sani:
Dokta, na yarda mai gona yana da haƙƙi. Amma wanda motarsa ta yi taho-mu-gama a kan hanya marar shingen tsakiya shi ma yana da haƙƙi. A 2022 mutum fiye da 168,000 ne suka mutu a haɗarin mota a Indiya. Kowace shekarar jinkiri rayuka take ci.

Dokta Hadiza:
Wannan gaskiya ne, Malam, kuma ba ni da ja a kai. A ƙasashen da ake riƙe alƙaluma da kyau, killatacciyar hanya ce mafi ƙarancin mace-mace idan aka auna da nisan tafiyar da ake yi a kanta, saboda ta kawar da karo gaba da gaba da kuma karon mararraba. Sai dai a lura cewa da yawa daga waɗanda suke mutuwa a Indiya masu babur ne da masu tafiya a ƙafa, waɗanda killatacciyar hanya ba ta ɗauke su ba tun farko.

Alhaji Mamman:
Salamu alaikum. Ni ban yi karatun injiniya ba, amma na yi shekara fiye da 30 a harkar manyan motoci, daga yaron mota har na mallaki nawa, saboda haka ku ba ni dama in faɗi yadda mai ɗaukar kaya yake auna hanya. Mu ba ma tambayar kilomita nawa ƙasa take da shi. Abin da muke tambaya shi ne, idan mota ta tashi da lodi yau, yaushe za ta sauke, kuma zan iya yi wa mai kaya alkawarin ranar ba tare da na ji kunya ba? Hanyar da za ka bi yau a awa 10, gobe a awa 20, ta fi cutar da ɗan kasuwa a kan wadda kullum awa 14 ce. Bayan wannan sai taya da sifirin da burki da man da mota take sha a cikin ramuka da cunkoso. Shi ya sa ni ban taɓa ƙin biyan kuɗin hanya ba idan hanyar tana da kyau, domin abin da zan biya a shinge bai kai abin da bakanike zai karɓa ba. Abin da yake ƙona mini rai shi ne a karɓi kuɗin kuma ramin yana nan. Na taɓa rasa mota sabuwa ful saboda wani rami a bakin gada da aka yi wata da watanni ana kai kuka a kansa, alhali kullum ana karɓar kuɗi a wannan hanyar.

Injiniya Bala:
Alhaji, Allah ya mayar da alheri. Maganarka ta kawo mu inda ni nake ganin ainihin bambancin ƙasashe yake, wato wanda zai riƙe hanyar bayan an yanke ƙyallen buɗewa an watse. Kuma ka yi haƙuri, domin motocinku ne suke tsakiyar maganar. A ƙarshen shekarun 1950 an yi wani babban gwaji a jihar Ilinoyi ta Amurka, aka gina hanyoyi na musamman aka yi ta zagaya su da motoci masu nauyi daban-daban har kwaltar ta mutu. Abin da aka gano shi ne ɓarnar da mota take yi wa hanya ba ta tafiya kai da kai da nauyinta. Idan nauyin da ke kan layin tayoyi guda ya ninka sau biyu, ɓarnar tana ninkawa kusan sau 16. Saboda haka tirela ɗaya da aka yi wa lodin wuce kima tana cin hanya fiye da dubban ƙananan motoci, kuma ƙasar da ta gina hanya ba ta kafa sikelin auna manyan motoci ba, ko ta kafa amma ana ba da na goro a wuce, ta riga ta rage wa hanyar shekaru tun ranar buɗewa. Abu na biyu shi ne ruwa. Magudana ko kwalbatin da ya toshe yana jiƙa ƙasan hanya, kuma da zarar ƙasan ya yi laushi to kwaltar sama ba ta da abin dogaro.

Ƙasashen da suka riga kowa gini su ne yanzu suke fama da tsufa. A Agustan 2007 gadar Interstate ta rufta a Miniyapolis, mutum 13 suka mutu. A Disamban 2012 rufin hanyar ƙarƙashin dutse ta Sasago ya faɗo a Japan ya kashe mutum 9. A Agustan 2018 gadar Morandi, wadda aka buɗe a 1967, ta karye a Jenowa ta Italiya, mutum 43 suka rasu. Jamus da ake yabo ta rufe gadar Rahmede a Disamban 2021 saboda ta tsatstsage, sai rushe ta aka yi a 2023, manyan motoci suka koma bi ta cikin gari shekara da shekaru. Hanyoyin Sin mafi yawansu ba su kai shekara 20 ba. Idan suka kai 40 ko 50, za su tsufa ne kusan lokaci guda kamar yadda aka gina su kusan lokaci guda, kuma da yawansu gadoji ne da ramukan duwatsu da hanya take ratsawa ta cikinsu, waɗanda gyaransu ya fi na shimfiɗaɗɗiyar hanya tsada nesa ba kusa ba.

Alhaji Mamman:
Injiniya, ban musa ba, mun san muna yin lodin da ya wuce ƙa'ida. Amma idan ni na tsaya a kan ƙa'ida, maƙwabcina ya ɗora ninki ya rage farashi, mai kaya wajensa zai tafi. Sai dokar ta hau kan kowa sannan mai gaskiya zai iya rayuwa a wannan sana'a.

Hajiya Rabi:
Wannan ya dawo da mu kan wa zai biya, kuma kowace ƙasa da hanyar da ta bi da kuma inda ta cije mata. Amurka ta zaɓi harajin mai: kowane galan na fetur ana cire wani abu a zuba a asusun hanyoyi, shi ya sa mafi yawan Interstate ba a biyan kuɗi a kansu. Amma harajin tarayya yana nan a senti 18.4 na dala kan galan tun 1993, kayan aiki sun yi tsada, motoci sun rage shan mai, masu lantarki kuma ba sa sha ko kaɗan. Tun 2008 sai majalisa ta riƙa ɗebo kuɗi daga babban baitulmali tana cike giɓin asusun. Jamus ta bar ƙananan motoci kyauta, amma tun Janairun 2005 tana karɓar kuɗi daga manyan motoci gwargwadon nisan da suka yi, abin da ya dace da bayanin Injiniya cewa su ne masu cin hanyar. Faransa ta bi tsarin karɓar kuɗi a shinge, sannan a 2006 ta sayar da hannun jarinta na kamfanonin hanyoyin ga kamfanoni masu zaman kansu. Hanyoyin suna da kyau ƙwarai, amma har yau Faransawa suna gardamar cewa an sayar da arha kuma kamfanonin suna cin riba fiye da kima. Suwizalan kuma takardar shekara ake saya a manna a gilashi. A cikin waɗannan duka na Jamus ya fi kwanta mini, domin wanda ya fi ɓarna shi ya fi biya.

Aminu:
Na gode, iyayena, na ƙaru sosai. Amma Hajiya, idan Sin tana karɓar kuɗi a kusan dukkan hanyoyinta, ai ke nan ta warware matsalar da Amurka take ciki, tunda kuɗin gyara yana shigowa kullum.

Hajiya Rabi:
Da haka ne da an huta, ɗana. Rahotannin da ma'aikatar sufurin Sin ta fitar da kanta sun nuna shekara da shekaru abin da ake karɓa a shingaye ba ya isa biyan uwar bashi da kuɗin ruwa da gyara, kuma bashin ya kai tiriliyoyin yuwan. Dalilin a fili yake. Hanyoyin farko an gina su ne a gabas, inda masana'antu da tashoshin jiragen ruwa suke, ga fili shimfiɗaɗɗe, ga motoci kamar ƙasa, saboda haka sun biya kansu. Na baya-bayan nan kuwa a cikin duwatsun yamma suke, inda kilomita ɗaya yake cin kuɗin kilomita da yawa na gabas, motocin kuma ba su da yawa. Lardin Guizhou misali ne. Zuwa 2015 ya kai killatacciyar hanya kowace gunduma, yana da gadar Duge mai tsayin mita 565 daga ruwan kogi, wadda aka buɗe a 2016, amma kuma yana cikin lardunan da bashi ya fi yi wa katutu. Sifaniya ta ɗanɗana irin wannan. Hanyoyin biyan kuɗi da aka gina kewaye da Madrid a farkon shekarun 2000 ba su samu motocin da aka yi hasashe ba, kamfanonin suka karye, gwamnati ta karɓe su a 2018. Haihuwar guzuma ke nan, ɗa kwance uwa kwance.

Malam Sani:
Hajiya, a nan kam ban bi ki ba. Mutumin Guizhou da a da yake kwana a hanya kafin ya kai mara lafiya babban asibiti, yanzu yana isa a cikin 'yan awoyi. Ba kowace hanya ce za a tambaye ta ribar kuɗi ba, kamar yadda ba a tambayar makarantar firamare ribar da ta kawo. Gwamnati tana gina hanya ne don ta ɗinke ƙasa, talakan lungu ya ji shi ma ɗan ƙasa ne. Interstate ɗin ma ta ratsa jihohi irin su Montana da Wayomin inda mutane ba su da yawa, kuma babu wanda yake kiran wannan asara a yau.

Dokta Hadiza:
Malam yana da hujja mai ƙarfi, amma akwai tambayar da ya kamata a yi kafin a kai ga nan: shin killatacciyar hanya mai layi huɗu ce mutumin lungu yake buƙata, ko kuwa hanya mai kwalta mai layi biyu da ba ta yankewa da damina, wadda kuɗin waccan guda zai gina irinta da yawa? Killatacciyar hanya tana iya wucewa ta bayan gidanka amma mashigarta tana da nisan kilomita 30. Akwai kuma binciken da masanin tattalin arziki Benjamin Faber ya wallafa a 2014 a kan hanyoyin Sin na farko, inda ya gano cewa ƙananan gundumomin da hanya ta ratsa a kan hanyarta ta haɗa manyan birane, bunƙasar masana'antunsu ta yi ƙasa da ta takwarorinsu da hanyar ba ta bi ta kansu ba. Hanyar da take fitar da kayanka ita ce take shigo da kayan babban birni masu arha su kashe ƙaramar masana'antarka.

A cikin birane ma abin ya fi ciwo. Lokacin da aka kutsa Interstate cikin tsakiyar biranen Amurka, unguwannin baƙaƙen fata aka fi rushewa, kamar Rondo a Sen Pol da Overtown a Mayami. Masanin tattalin arziki Nathaniel Baum-Snow ya ƙiyasta a 2007 cewa kowace babbar hanya da ta ratsa tsakiyar birni ta rage masa jama'a da wajen kashi 18 cikin 100, saboda masu hali sun koma bayan gari. Kuma faɗaɗa hanya ba ya kashe cunkoso na dogon lokaci. Wasu masana tattalin arziki biyu, Duranton da Turner, sun nuna a 2011 cewa a biranen Amurka tafiyar motoci tana ƙaruwa kusan daidai da ƙarin layukan da aka yi. Seul da ta gane haka sai ta rushe gadar sama ta Cheonggyecheon tsakanin 2003 da 2005 ta maido da rafin da aka binne a ƙarƙashinta, kuma a Nuwamban 2024 masu ƙuri'a a Suwizalan suka ƙi amincewa da shirin faɗaɗa manyan hanyoyinsu.

Malam Sani:
Batun cikin birni na sallama, Dokta. Tsakanin birni da birni kuwa ina nan a kan bakana. Interstate ba ta kai kashi 2 cikin 100 na tsawon titunan Amurka ba, amma tana ɗauke da kusan kashi ɗaya cikin huɗu na dukkan tafiyar motocin ƙasar. Ƙasar da ba ta da irin wannan ƙashin baya kayanta ba za su iya gogayya a kasuwar duniya ba.

Injiniya Bala:
Wannan alƙalami na Malam shi ne irin wanda ya kamata a riƙa kwatanta ƙasashe da shi, wato yawan kaya da mutanen da hanya take ɗauka. Idan aka duba nahiyar Afirka da wannan ido, Maroko ta yi abin koyi. Ta kafa kamfanin manyan hanyoyi a 1989, ta yi ta ginawa sannu a hankali har wajen kilomita 1,800, tana karɓar kuɗi tana gyarawa, kuma ta fara ne da inda kaya suke, tsakanin Kasabalanka da Rabat, sannan ta kai Tanja inda ta buɗe babbar tashar jiragen ruwa a 2007. Aljeriya ta gina tata ta gabas zuwa yamma, kilomita 1,216, da kuɗin man fetur kuma cikin sauri, amma wasu sassan sun buƙaci gyara tun ba a je ko'ina ba, har aka yi shari'ar cin hanci a kan aikin. Habasha ta buɗe ta Adis Ababa zuwa Adama a 2014 a kan hanyar da kayanta suke bi zuwa tashar Jibuti, wannan ma zaɓi ne mai ma'ana. Afirka ta Kudu kuma ta koya wa kowa darasi a kan yardar jama'a: ta faɗaɗa hanyoyin lardin Gauteng da bashi, ta fara karɓar kuɗi ta na'ura a 2013 a kan hanyoyin da mutane suka saba bi kyauta, mafi yawan direbobi suka ƙi biya, sai da gwamnati ta soke tsarin a Afrilun 2024 ta ɗauki bashin a kanta.

Aminu:
Injiniya, saura tambaya ɗaya. Tunda an ce kuɗin shinge na biyan bashi ne, idan an gama biya sai hanyar ta zama kyauta ke nan?

Injiniya Bala:
Haka aka yi alkawari kusan ko'ina, amma cikawar ce take da wuya. Japan ta buɗe sashen farko na hanyar Meishin a 1963 da niyyar daina karɓar kuɗi idan an biya bashi. Da aka raba hukumar hanyoyin zuwa kamfanoni a 2005 bashin ya kai wajen yen tiriliyan 40, aka sa 2050 a matsayin wa'adi, daga baya aka ɗaga zuwa 2065, sannan a 2023 majalisa ta ba da damar ci gaba da karɓa har 2115, saboda kuɗin sabunta tsofaffin gadoji da ramukan duwatsu. Sifaniya ta cire shingaye a wasu manyan hanyoyinta a 2020 da 2021 da wa'adin kamfanonin ya cika, nan take kuɗin gyaransu ya koma kan baitulmali, motoci kuma suka ƙaru a kansu. Yarjejeniyoyin Faransa za su ƙare tsakanin 2031 da 2036, kuma tun yanzu ana ta muhawarar abin da za a yi. A Sin dokar 2004 ta ƙayyade shekara 15 zuwa 20 ga hanyoyin bashin gwamnati, 25 zuwa 30 ga na kamfanoni, kuma hanyoyin farko sun fara cika wa'adinsu. Wasu an daina karɓa a kansu, wasu kuma an faɗaɗa su aka sabunta wa'adin.

Alhaji Mamman:
To ni dai idan za a tambayi masu manyan motoci, a ci gaba da karɓa bayan an gama biyan bashin, amma a rage, kuma a riƙa buga wa jama'a abin da aka tara a kowace hanya da abin da aka kashe a kanta duk shekara. A kafa sikeli a kowace mashiga kamar yadda Sin ta yi tun 2020, motar da ta wuce nauyi a juya ta tun daga ƙofa, ko ta wane ce. Injiniya, idan kana da bayanin yadda Jamus take bambanta kuɗin mota mai layin tayoyi uku da mai biyar, ka kawo mana, domin wannan ya shafe mu kai tsaye.